NAZARI: Kaki, rigar lauya da kujerar mulki: Tarihin tsoffin jami'an jihohin Amurka da rikicin Trump da gwamnoni

A ranar 7 ga Yuni, 2025, Shugaba Donald Trump ya sa hannu a kan takardar da ta karɓe dakaru 2,000 na jihar Kalifoniya daga hannun Gwamna Gavin Newsom, ya tura su birnin Los Angeles, inda ake zanga-zangar adawa da kamen baƙin haure. Kafin mako ya zagayo adadin ya kai 4,000, aka ƙara da sojojin ruwa 700. Gwamnan bai nemi agaji ba, bai kuma amince ba. Kwana biyu bayan sa hannun, Antoni-Janar na jihar, Rob Bonta, ya maka shugaban a kotu. A farkon Satumba alƙalin kotun tarayya Charles Breyer ya yanke hukuncin cewa yadda aka yi amfani da sojojin ya saɓa wa dokar 1878 da ta hana soja yin aikin ɗan sanda a cikin ƙasa. Gwamnatin tarayya ta ɗaukaka ƙara.

Kafin wannan, rabon da wani shugaban Amurka ya karɓe dakarun wata jiha ba tare da gwamnanta ya nema ba, tun 1965. Shi ya sa duk mai son fahimtar wannan taƙaddama sai ya waiwayi mutanen da suka riƙe jihohin a wancan zamani da bayansa. Da yawansu hanya ɗaya suka bi: bariki, makarantar koyon aikin lauya, ofishin mai gabatar da ƙara, sannan akwatin zaɓe. Har gobe 'yan takara a Amurka suna baje wannan tarihi a allunan kamfe a matsayin shaidar nagarta. Na bi diddigin wasu daga cikinsu, kuma abin da na gani shi ne kaki da takardar shaidar lauya sun buɗe musu ƙofa, amma ba su taɓa nuna ɓangaren da mutum zai tsaya ba a ranar da lamari ya ɓaci.

Ofisoshi biyu da ke hannun jiha

Kowace jiha a Amurka tana da rundunar ko-ta-kwana da ake kira National Guard. Yawancin dakarunta suna da sana'o'insu, malaman makaranta ne, direbobi, 'yan kasuwa, waɗanda ke zuwa atisaye ƙarshen mako ɗaya a wata da kuma mako biyu a shekara. Gwamna ne babban kwamandansu, shi ke fito da su idan an yi ambaliya, gobarar daji ko tarzoma. Sai dai mafi yawan kuɗinsu da makamansu daga gwamnatin tarayya suke fitowa, kuma doka ta ba shugaban ƙasa ikon mayar da su ƙarƙashinsa a wasu yanayi. Raƙumi ne mai akala biyu.

Ofishi na biyu shi ne na Antoni-Janar, babban lauyan jiha. A jihohi 43 cikin 50 talakawa ne ke zaɓensa kai-tsaye, ba gwamna ke naɗa shi ba, don haka yana iya fitowa daga jam'iyyar adawa, yana iya bincikar gwamnan kansa. A Tennessee Kotun Ƙolin jiha ce ke naɗa shi, a Maine majalisar dokoki, a sauran biyar kuma gwamna. Ƙarfin ofishin ba na wasa ba ne: a 1998 manyan lauyoyin jihohi 46 ne suka tilasta wa kamfanonin taba sigari yarjejeniyar biyan dala biliyan 206 cikin shekara 25. Daga wannan kujera Bill Clinton ya fara a Arkansas, daga ita Kamala Harris ta tafi Majalisar Dattawa.

A nan akwai abin da ya shafe mu. Najeriya ta aro tsarin shugaban ƙasa daga Amurka a 1979, amma ba ta aro waɗannan biyun ba. Sashe na 195 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya haɗa Antoni-Janar da Kwamishinan Shari'a a jikin mutum ɗaya, wanda gwamna ke naɗawa ya kuma sauke. Masu neman a raba ofisoshin biyu, da masu neman 'yan sandan jihohi, kusan kullum da Amurka suke kafa hujja. Ya kyautu a san abin da ake buga misali da shi.

Warren: mutum ɗaya, fuska biyu

Earl Warren ya gama karatun lauya a Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley a 1914, ya shiga soja a 1917 lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya, ya fita da muƙamin laftanar ba tare da ya je fagen daga ba. Ya yi shekara 14 yana babban mai gabatar da ƙara na gundumar Alameda, ya zama Antoni-Janar na Kalifoniya a 1939, gwamna a 1943, aka zaɓe shi sau uku a jere. A 1953 Shugaba Dwight Eisenhower ya naɗa shi Alƙalin Alƙalan Amurka. A ranar 17 ga Mayu, 1954, shi ya karanta hukuncin da ya haramta raba makarantun gwamnati tsakanin yara baƙaƙen fata da farare, bayan ya shawo kan dukkan alƙalan tara suka yi baki ɗaya.

Wannan shi ne Warren da ake karantarwa a makarantu. Amma shekara 12 kafin haka, bayan Japan ta kai hari Pearl Harbor, Antoni-Janar Warren yana sahun gaba na masu neman a kwashe mutanen da ke da asalin Japan daga gaɓar yammacin ƙasar. Ya sa aka zana taswirori da ke nuna gonakinsu kusa da filayen jiragen sama da layukan wutar lantarki. Da ya bayyana gaban kwamitin majalisar tarayya a Fabrairun 1942, hujjarsa ita ce rashin samunsu da wani zagon ƙasa alama ce ta cewa suna jiran lokaci. Lauya ne ke wannan magana, wanda ya san ba a kama mutum da laifin da bai aikata ba tukuna. Kimanin mutum 120,000 aka tsare a sansanoni, kusan kashi biyu cikin uku 'yan ƙasa ne haifaffun Amurka. Nadamar Warren ba ta fito fili ba sai a littafin tarihin rayuwarsa da aka buga a 1977, shekara uku bayan mutuwarsa. Dokar biyan diyyar dala 20,000 ga kowane wanda ya rage da rai ta zo a 1988.

Alabama, inda aka gwada kowa

Idan akwai jihar da ta isa darasi ita kaɗai, Alabama ce, kuma mutumin da ya fi tsaya mini a rai shi ne John Patterson.

Patterson ya yi Yaƙin Duniya na Biyu a Arewacin Afirka, Sisili, Italiya, Faransa da Jamus, ya fita da muƙamin manjo. Ya gama karatun lauya a Jami'ar Alabama a 1949, aka sake kiransa soja lokacin Yaƙin Koriya, sannan ya dawo ofishin lauya na mahaifinsa a Phenix City. Garin yana dab da babban barikin Fort Benning, kuma a wancan lokaci caca, karuwanci da sayen ƙuri'a ne sana'arsa, da haɗin bakin 'yan sanda da jami'an shari'a. Mahaifin, Albert Patterson, ya tsaya takarar Antoni-Janar da alƙawarin share garin, ya kuma ci zaɓen fidda gwani. A daren 18 ga Yuni, 1954, aka harbe shi har lahira a bakin ofishinsa. Gwamna ya tura dakarun jiha suka karɓe garin daga hannun 'yan sanda. Cikin mutum uku da aka tuhuma da kisan har da Antoni-Janar mai ci, Si Garrett, wanda ba a taɓa yi wa shari'a ba saboda ya kwanta a asibitin masu taɓin hankali. Mataimakin shugaban 'yan sandan gunduma aka yanke wa ɗaurin rai-da-rai.

Da irin wannan tarihi John Patterson ya gaji takarar mahaifinsa, ya zama Antoni-Janar a 1955 yana ɗan shekara 33. Tsohon soja, lauya, maraya da miyagu suka kashe wa uba: in da takardu ne ke nuna hali, da an ce waɗanda ake zalunta sun samu gata. A Yunin 1956, ana tsaka da ƙauracewa motocin bas da baƙaƙen fata suka yi a Montgomery, ya je kotun jiha ya samo umarnin hana ƙungiyar NAACP, babbar mai kare haƙƙin baƙaƙen fata, yin aiki a Alabama. Dabararsa ta lauya ce tsantsa. Ya ce ƙungiyar ba ta yi rajista a matsayin kamfanin da ya zo daga wata jiha ba, ya kuma nemi ta miƙa sunaye da adireshin membobinta. Kowa ya san abin da zai samu malamin makaranta ko leburan da sunansa ya fito a wannan jeri. Ƙungiyar ta ƙi, aka ci ta tarar dala 100,000. A 1958 Kotun Ƙoli, ƙarƙashin Warren, ta soke tarar da baki ɗaya, amma kotunan Alabama suka yi ta jan ƙafa har NAACP ba ta dawo jihar ba sai 1964.

A shekarar 1958 ɗin Patterson ya ci zaɓen gwamna da goyon bayan ƙungiyar Ku Klux Klan. A Mayun 1961, da matasa baƙi da fari suka shiga motocin safa a haɗe don gwada dokar da ta hana wariya a tashoshi, gungun mutane suka yi musu jina-jina a tashar Montgomery, 'yan sanda ba su bayyana ba sai bayan an gama. Gwamnati a Washington ta turo jami'an tsaron kotunan tarayya kimanin 400. Sai da aka yi wa wata majami'a ƙawanya da Martin Luther King da ɗaruruwan mutane a ciki, sannan gwamnan ya fito da dakarun jiha. Daga baya ya yi shekaru yana alƙalin kotun ɗaukaka ƙara, ya nuna nadama a kan matsayinsa na baya, har ya goyi bayan Barack Obama a 2008. Allah kaɗai ya san zuciya, amma shekara takwas da aka rufe bakin ƙungiyar ba su dawo ba.

Wanda Patterson ya kayar a 1958, George Wallace, shi ma lauya ne, tsohon alƙali, wanda ya yi aiki a jiragen yaƙin da suka yi luguden wuta a Japan a 1945. Da ya hau mulki, a ranar 11 ga Yuni, 1963, ya tsaya a ƙofar wani zaure na Jami'ar Alabama don hana ɗalibai biyu baƙaƙen fata yin rajista. Shugaba John Kennedy ya karɓe dakarun jihar, kuma janar ɗinsu, wanda da safe yake ƙarƙashin gwamna, shi ya zo da yamma ya ce masa ya ba da hanya. Haka Eisenhower ya yi wa Gwamna Orval Faubus na Arkansas a 1957, bayan Faubus, tsohon manjo da ya yi yaƙi a Turai ƙarƙashin Eisenhower ɗin, ya girke dakarun jiha don tare yara tara a ƙofar makaranta a Little Rock. Haka kuma Lyndon Johnson ya yi wa Wallace a Maris 1965 don kare masu tattaki daga Selma zuwa Montgomery. Wannan ne karon da ake ta ambato a 2025.

Akwai kuma Richmond Flowers, wanda aka zaɓa Antoni-Janar a rana ɗaya da Wallace. Tsohon sojan Yaƙin Duniya na Biyu ne, lauya daga jami'a ɗaya da su. Shi ya zaɓi ɗaya ɓangaren: ya soki bijire wa kotunan tarayya a bainar jama'a, kuma a 1965 ya karɓi shari'ar ɗan Klan da ake tuhuma da harbe Viola Liuzzo, 'yar fafutuka farar fata, ya tsaya da kansa a gaban kotu. Masu taya alƙali yanke hukunci, dukkansu farare, suka wanke wanda ake tuhuma. Wallace bai iya korar Flowers ba, domin ba shi ya naɗa shi ba, kuma wannan ita ce fa'idar zaɓen ofishin. Sai dai labarin bai ƙare da daɗi ba. A 1969 kotun tarayya ta same shi da laifin haɗa baki wajen tatsar kuɗi daga kamfanoni, ya yi zaman gidan yari, ya kuma dage cewa bi-ta-da-ƙulli ne na siyasa. Shugaba Jimmy Carter ya yi masa afuwa a 1978.

Waɗanda kaki ya ɗaga da gaske

Ba adalci ba ne a ce aikin soja bai tsinana komai ba. Ga baƙaƙen fata shi ne tsani. Edward Brooke ya yi yaƙi a Italiya cikin rundunar da aka ware wa baƙaƙe zalla, kuma a bariki ya fara kare sojoji a kotun soja tun bai karanta lauya ba. Ya gama Jami'ar Boston a 1948, a 1962 ya zama baƙar fata na farko da aka zaɓa Antoni-Janar na wata jiha, a Massachusetts, inda ya gurfanar da 'yan siyasa da dama kan cin hanci. A 1966 aka zaɓe shi zuwa Majalisar Dattawa, kuma a Nuwamban 1973 shi ne sanatan Republican na farko da ya fito ya ce Richard Nixon, shugaban da ke jam'iyyarsa, ya yi murabus. Douglas Wilder, jikan bayi, ya samu lambar yabo a Koriya, ya yi karatun lauya a Jami'ar Howard da tallafin tsoffin sojoji, ya zama baƙar fata na farko da aka zaɓa gwamna, a Virginia a 1989, da ratar da ba ta kai ƙuri'a 7,000 ba.

Wannan tallafi, dokar 1944 da ta biya wa tsoffin sojoji kuɗin karatu, shi ne sirrin yawan sojoji lauyoyi a siyasar wancan zamani. Amurkawa kimanin miliyan 16 ne suka sa kaki a Yaƙin Duniya na Biyu, kusan miliyan takwas suka yi karatu ko koyon sana'a da kuɗin gwamnati. Walter Mondale, kofur ne da ya ci wannan gajiya bayan Yaƙin Koriya, ya zama Antoni-Janar na Minnesota yana ɗan shekara 32. Da jihar Florida ta nemi sauran jihohi su mara mata baya a Kotun Ƙoli cewa ba dole ba ne a ba talakan da ake tuhuma lauya kyauta, Mondale ya juya ya tattaro jihohi sama da 20 suka goyi bayan fursunan. Hukuncin 1963 ya zo yadda suka nema.

A ƙarshen shekarun 1960 kusan uku cikin huɗu na 'yan majalisar tarayya tsoffin sojoji ne. Masu wariya da masu yaƙi da ita duk sun sa kaki, don haka kakin bai bambanta kowa ba. An daina ɗaukar soja na dole a 1973, kuma yau adadin bai kai ɗaya cikin biyar ba. Da abu ya yi ƙaranci sai ya yi tsada a kasuwar siyasa.

Kasuwar kaki

Jihar Missouri ta nuna haka a zaɓen 2016. Eric Greitens, tsohon sojan ƙundumbala na rundunar ruwa mai digirin digirgir daga Oxford, ya yi tallan kamfe yana ɓarin wuta da bindiga mai sarrafa kanta, ya ci kujerar gwamna. Bai cika shekara ɗaya da rabi ba ya yi murabus a Yunin 2018, majalisa na shirin tsige shi kan zargin cin zarafin wata mata da kuma amfani da jerin masu ba ƙungiyar agajin tsoffin sojoji gudummawa wajen tara kuɗin kamfe. An janye tuhume-tuhumen da aka kai kotu. A zaɓen na 2016, Sakataren Jiha Jason Kander, lauya kuma tsohon jami'in leƙen asirin soja a Afganistan, ya yi talla yana haɗa bindiga da idanu a ɗaure, ya sha kaye a takarar sanata da ƙyar. A Oktoban 2018, ana ganin ya kama hanyar zama magajin garin Kansas City, ya janye, ya faɗa wa duniya cewa firgicin yaƙi ya daɗe yana cinsa, zai je neman magani. A ganina wannan janyewa ta fi tallan bindigar nuna jarumta.

Sai Jason Ravnsborg na South Dakota, laftanar-kanar da ya yi aiki a Iraƙi da Afganistan, wanda aka zaɓa Antoni-Janar a 2018. A daren 12 ga Satumba, 2020, ya banke wani mutum da ke tafiya a gefen titi, ya ce ya zaci barewa ce. Masu bincike suka tsinci tabaran mamacin a cikin motarsa. A kotu ƙananan laifukan tuƙi biyu aka kama shi da su, aka ci shi tara, bai kwana a kurkuku ba. Majalisar dokokin jihar, wadda 'yan jam'iyyarsa suka mamaye, ita ta tsige shi a Yunin 2022, ta haramta masa sake riƙe muƙami a jihar.

Tun kafin su an yi Otto Kerner, manjo-janar na dakarun Illinois, tsohon mai gabatar da ƙara na tarayya, gwamna daga 1961 zuwa 1968, shugaban kwamitin da ya rubuta fitaccen rahoto kan tarzomar biranen Amurka. Yana kan kujerar alƙalin kotun ɗaukaka ƙara aka same shi da laifi a 1973, kan hannun jarin filin sukuwa da aka sayar masa da arha lokacin yana gwamna. Lauyan gwamnatin da ya ɗaure shi, James Thompson, ya zama gwamnan Illinois bayan shekara huɗu.

Abin da ya taka wa waɗannan mutane burki a kowane karo wani ofishi ne da ba ya ƙarƙashinsu: kotun tarayya a kan Patterson, shugaban ƙasa a kan Faubus da Wallace, mai gabatar da ƙara a kan Kerner, majalisa a kan Ravnsborg. A batun tsare 'yan asalin Japan kuwa, da jiha, fadar shugaban ƙasa, soja da Kotun Ƙoli suka haɗu a kan ra'ayi ɗaya, babu wanda ya tsayar da Warren.

Magoya bayan Trump suna kafa hujja da 1957 da 1965, suna cewa shugaban ƙasa ya daɗe da ikon karɓe dakarun jiha daga gwamna mai taurin kai. Ikon yana nan, amma akwai bambancin da bai kamata a tsallake ba. Eisenhower, Kennedy da Johnson sun yi amfani da shi ne don tabbatar da hukuncin da kotu ta riga ta yanke, gwamna ya ƙi bi. A Los Angeles babu irin wannan hukunci, jihar ce ma ta ruga kotu. Su kuma masu yi wa gwamnonin Democrat kirari a yau, suna ɗaga tutar 'yancin jihohi, tutar da Wallace ya ɗaga ce a ƙofar jami'a, ko da manufa ta sha bamban.

Shi kansa ofishin Bonta yana da nasa tabon. A zamanin da Kamala Harris ke riƙe da shi, ofishin ya dage sai ƙungiyoyin agaji sun miƙa masa sunayen manyan masu ba su gudummawa. Wata ƙungiyar masu ra'ayin riƙau ta kai ƙara a 2014, shari'ar ta yi ta tafiya har ta faɗo kan Bonta, wanda ya hau kujerar a Afrilun 2021. A ranar 1 ga Yuli, 2021, Kotun Ƙoli ta ba Kalifoniya rashin gaskiya da rinjayen alƙalai shida a kan uku, ta dogara da hukuncin 1958 da NAACP ta samu a kan Alabama. John Patterson, wanda ya jawo wancan hukunci, ya mutu ranar 4 ga Yuni na shekarar, saura mako huɗu a karanta shi, yana da shekara 99.